Ƙuru: Siffofinsa da Asalinsa Cikin Tarihin Dawakin Ƙasashen Sudan

Cikin kalmomin da Hausa ta tanada domin doki akwai wata da ta kusa fita daga bakin jama'a, ita ce ƙuru. Bargery ya shigar da ita cikin ƙamusunsa na 1934, Abraham ma ya kawo ta cikin nasa na 1949, ma'anar da suka ba ta kuwa ita ce ƙaramin doki. Abin nufi a nan dokin da ya gama girmansa amma ya tsaya gajere, domin haka irinsa yake. Ba duƙushi ba ne, wanda shi ɗan doki ne da ke jiran girma. Yau idan aka rubuta kalmar a allo gaban ƴan yaƙi da jahilci a Maraɗi ko Tawa, ba mamaki su karanta ta da ɗaya ma'anar, ta mutumin da ya yi ƙuru ya faɗa cikin haɗari, tun da rubutunmu ba ya nuna tsawon wasali ko karin sauti, kuma dabbar kanta ba safai ake ganinta a kasuwanninmu ba.

Idan Hausawa sun ware suna domin wannan doki, to sun san shi, sun kuma bambanta shi da ingarman da sarakuna ke hawa ran salla. Manufarmu cikin wannan maƙala ita ce mu bayyana siffofin ƙuru kamar yadda aka same shi a inda jininsa bai gauraya sosai ba, watau kwarin kogin Logon tsakanin Cadi da Kamaru, sa'an nan mu auna abin da rubutaccen tarihi da tonon ƙasa da harshe suka ce game da asalinsa. Ra'ayin da za mu kare shi ne cewa ƙuru shi ne tsohon dokin ƙasashen nan, babban doki kuwa baƙo ne da ya zo daga baya, ko da yake an daɗe ana rubuta akasin haka.

Dokin Logon

Mutanen da suka fi shahara da kiwon wannan doki su ne Musey da maƙwabtansu Marba, waɗanda ke zaune yamma da Logon, a kewayen Gunu Gaya da Kelo cikin Cadi, da kuma yankin Gobo a Kamaru. Harsunansu na reshen Masa ne cikin iyalin harsunan Cadi, iyalin da Hausa ma take ciki. Saboda haka danginmu ne na nesa. Littattafan likitocin dabbobi na zamanin mulkin mallaka sun ba dokin sunaye barkatai: dokin Laka, dokin Sara, dokin Mbai, dokin Kirdi. Wannan na ƙarshe ya kamata a bar shi, domin kirdi ba sunan wata al'umma ba ne, laƙabin raini ne da musulmin Barno da Bagirmi suke yi wa wanda bai musulunta ba, daidai da yadda Bahaushe ke cewa arne. Aikin da ya fi zurfi a kan dabbar shi ne wanda Christian Seignobos ya fitar a 1987 tare da abokan aikinsa, cikinsu har da masanin harshe Henry Tourneux, kuma da sunan kogin suka kira ta.

Tsayinsa, in an auna daga kofato zuwa saman kafaɗa, bai cika wuce santimita 120 zuwa 125 ba, alhali dawakin da muka saba gani a hawan salla na Damagaram suna kai 140 zuwa 150, wasu ma su ɗara. Kansa babba ne in an gwada da jikinsa, wuyansa gajere mai kauri, bayansa da ɗan tsawo, ƙafafunsa gajeru masu ƙarfi. Launinsa ya fi yawa cikin ja da ja mai duhu, akwai kuma fari da mai ruwan toka. Wanda idonsa ya saba da ɗan Arewa ko Bagazam na Abzinawa ba zai kira shi kyakkyawa ba, amma abin da makiyayin Logon ke nema a jikin doki dabam ne.

Ƙasar tasu fadama ce shimfiɗaɗɗiya. A ƙarshen damina ruwan Logon kan malala ya rufe filaye wata da watanni, laka ta kama ƙafa, ciyawa ta fi mutum tsawo, sauro da ƙudaje masu cizo su yi yawa. A kurmin bakin rafuka na kudu kuma akwai tsando, mai ɗauke da cutar sammore. Babban dokin arewa in an kai shi irin wannan ƙasa sai an ɗaure shi cikin ɗaki, ana yi masa hayaƙi, ana ba shi hatsi da kanwa, duk da haka ba ya daɗewa. Ƙuru kuwa yana ratsa laka da ruwa, yana cin abin da ya samu, an kuma shaide shi da jure wa sammore fiye da manyan dawaki. Juriya muka ce, ba kariya ba: yakan kamu, sai dai ba ya saurin faɗuwa. A nan ya yi tarayya da muturu, gajeren san nan na kudu, da gajerun awakin kurmi, waɗanda su ma ƙanƙanta da juriyar tsando suka haɗu a jikinsu.

Yadda ake hawansa shi ya fi ɗaukar hankalin matafiya. Ba sirdi, ba likkafa, ba ƙarfe a baki. Igiya ce a kai ake juya shi da ita. Heinrich Barth, wanda aka sani a ƙasashenmu da sunan Abdulkarim, ya bi rundunar Barno zuwa ƙasar Musgu, arewa da Musey, a ƙarshen 1851 da farkon 1852. Ya bayyana cewa mahayan can suna barin miki a buɗe a gadon bayan dokin domin zama ya kafu, in kuma za su yi sukuwa mai tsanani har tsaga ƙafafunsu suke yi, jini ya manne su da dabbar. Turawan da suka karanta wannan sun ɗauke shi shaidar rashin tausayi kurum. Al'adar tana da zafi, babu musu, amma ga mai binciken tarihi muhimmancinta a wani wuri yake: an sami irinta a tsaunukan Jos, fiye da kilomita 600 yamma, wurin mutanen da ba su da wata hulɗa da Musgu a lokacin da aka rubuta labarinsu. Dabara ɗaya a wurare biyu masu nisa haka alama ce ta gado tsoho wanda a da ya game ƙasar da ke tsakaninsu.

A wurin Musey doki ya wuce dabbar hawa. Shi ne ginshiƙin dukiyar aure, a matsayin da saniya ke da shi wurin maƙwabtansu Masa. Da shi ake farauta da rani, a da kuma da shi ake kai hari da korar hari, mahayi na riƙe da wuƙaƙen jifa na ƙarfe. In ya mutu akan binne shi kusan yadda ake binne mutum. Al'ummar da ta ɗauki dabba haka, ba jiya ta same ta ba.

Danginsa na yamma

A tsaunukan Jos al'ummomi irin su Berom da Ron da Mwaghavul da Irigwe da Aten sun yi kiwon ƙananan dawaki masu wannan ƙira, su ma ba sirdi. Da su suka tare hare-haren Bauci da Zazzau cikin ƙarni na 19, ƙoƙuwar tsaunin ba ta shiga hannun daular Sakkwato ba har Ingilishi suka iso neman kuza a farkon ƙarni na 20. Ta wannan gefe ne Hausawan Zazzau da Kano suka fi samun damar ganin dabbar da idonsu. Can yamma kuma akwai na Kotokoli a Togo, da na Bobo a Burkina Faso, da namu na Torodi, a hannun Gurma na kogin Isa. Georges Doutressoulle, cikin littafinsa na 1947 a kan kiwo a Afirka ta Yamma ta Faransa, ya ware irin waɗannan gajerun dawaki rukuni guda, dabam da jinin Barbar da jinin Dongola.

In an sa waɗannan wurare a taswira sai a ga duk suna gefen kudu ne, cikin duwatsu, ko fadamu, ko bakin kurmi, watau inda rundunar manyan dawaki ke shan wuyar shiga. Tsakiya kuwa, Barno da ƙasar Hausa da Songoi, ta babban doki ce. Mai nazarin kare-karen harshe ya san wannan hoto sarai. Sabon furuci kan taso daga babban birni ya bazu, tsohon ya saura a gefe, kamar yadda zamna da amre suka saura a bakin mutanen Adar da Gobir bayan Kano ta koma zauna da aure. Ba wanda zai ce zamna lalatacciyar zauna ce. Ita ce ma ta girme ta. Haka muke ganin ya kamata a karanta taswirar ƙuru.

Daga ina ya fito

Da farko a kawar da shakka ɗaya: Afirka ba ta da dokin daji na asali. Tana da jakin daji, wanda daga gare shi aka sami jakin gida, tana da jakin dawa mai zane, amma duk dokin da ke nahiyar shigo da kakanninsa aka yi. Binciken ƙwayoyin gado da aka buga a 2021 ya nuna cewa dawakin gida na duniyar yau sun fito ne daga filayen kogunan Volga da Don, a kudancin Rasha, suka fara bazuwa wajen shekara 2200 kafin haihuwar Annabi Isa. Sun iso Masar wajen ƙarni na 17 kafin haihuwar tasa, suna jan keken yaƙi. Daga nan hanya ta rabu biyu, ɗaya ta bi Nilu zuwa Nubiya, ɗaya ta bi gaɓar teku zuwa Libiya da Magrib.

Hanyar Nilu ta dogon doki ce. Sarakunan Kush sun shahara da son dawaki, har sarki Piye, na ƙarni na 8 kafin haihuwar Annabi Isa, aka binne dawakinsa kusa da shi a maƙabartar El-Kurru. Daga wannan yanki ne, bayan ƙarnoni masu yawa, dokin Dongola mai dogayen ƙafafu da lanƙwasasshen goshi ya biyo ta Darfur da Wadai ya shigo Barno. Mu ɗan ja kunnen masu gaggawar tono asalin kalmomi: kamar da ke tsakanin sunan El-Kurru da ƙuru kama ce ta kunne kawai, ba ta kafa hujjar kome, haka ma wadda ke tsakanin ƙuru da ƙuruciya.

Hanyar Sahara ita ta fi shafarmu. Herodot, a ƙarni na 5 kafin haihuwar Annabi Isa, ya ambaci Garamant na Fazzan masu keken da dawaki huɗu ke ja. Zane-zanen irin waɗannan kekuna suna nan da ɗaruruwa a duwatsun Tasili da Fazzan da Ahaggar da Adrar na Ifogas da kuma namu na Abzin. A Iwelen, arewacin Abzin, Jean-Pierre Roset ya tona mazaunin mutanen da suka bar irin wannan zane, ya sami kawunan masu na jan ƙarfe, awon shekaru kuma ya sa wurin cikin shekaru dubu na ƙarshe kafin haihuwar Annabi Isa. Bayan zamanin keke sai duwatsun Abzin suka cika da hoton jarumi mai mashi da ƴar garkuwa, yana riƙe da ɗan doki a gefensa. Ba a auna dabba da zane, domin mai zane yakan ƙanƙanta doki don ya girmama ubangijinsa. Amma akwai shaidar da ba zane ba. Strabon, wanda ya yi zamani da Annabi Isa, ya siffanta dawakin mutanen Afirka ta Arewa da cewa ƙanana ne, masu sauri, masu biyayya har da ƴar sanda ake juya su, ana hawansu ba sirdi, da linzamin igiya. A ajiye wannan bayani kusa da na Barth a kan Musgu: shekara 1800 ke tsakaninsu, da hamada guda, amma kamar doki ɗaya suke siffantawa.

Kudu da hamada ma ƙasa ta yi magana. A Bura, cikin yankin Tera, maƙabartar da aka gano a 1975 wadda Bube Gado ya tona a 1983 ta fitar da mutum-mutumin mahayi a kan dokinsa, na gasasshen yumɓu, kuma mafi yawan kayan wurin na shekaru dubu na farko ne bayan haihuwar Annabi Isa. A Igbo-Ukwu, can cikin kurmin Najeriya, Thurstan Shaw ya sami ɗan mahayin tagulla na wajen ƙarni na 9 ko na 10. Mafi ƙarfin duka ita ce shaidar ƙashi: a Aisa Dugje, kusa da tsaunukan Mandara a arewacin Kamaru, Scott MacEachern da abokan aikinsa sun tono ƙasusuwan dawaki, suka buga sakamakon a 2001. Dawakin gajeru ne, girman ƙuru, an kuma binne su ne da kulawa, na farko-farkonsu sun girmi shekara ta 1000. Wurin ba shi da nisa ƙwarai da ƙasar da Musey ke binne nasu.

Marubutan Larabawa na farko sun zo daidai da wannan. Al-Muhallabi, a ƙarni na 10, ya ce sarkin Kaukau, watau Gao, da mutanensa suna hawan dawaki ba sirdi. Al-Bakri, a 1068, ya ce dawakin Gana ƙanana ne ƙwarai. A lura, waɗannan ba ƙauyukan bakin kurmi ba ne, manyan dauloli ne na gaɓar hamada. Ke nan a ƙarni na 10 da na 11 sarki ma ƙuru yake hawa.

Da wannan za a iya auna ra'ayin da ya cika littattafan zamanin mulkin mallaka, cewa ƙuru dokin Barbar ne da ya lalace saboda mugun abinci da rashin iya kiwo a hannun waɗanda ba musulmi ba. Ra'ayin bai tsaya ba ta fuskar lokaci, domin ƙasusuwan Aisa Dugje da maganar al-Bakri sun riga zamanin da aka soma shigo da manyan dawaki da yawa. Bai tsaya ba ta fuskar halitta, domin juriyar tsando ba a samun ta sai bayan zuriya mai tsawo cikin ƙasar tsando. Kuma kiran Musey marasa iya kiwo rashin sani ne tsagwaronsa. Abin da ya rage na muhawara ƙarami ne: ko dokin ya iso da ƙanƙantarsa, ko a nan ya daɗa raguwa. Robin Law a littafinsa na 1980 da Roger Blench a maƙalarsa ta 1993 duk sun ɗauki ƙuru tsohon mazauni ne da ya riga musulunci. A ganinmu bayanin Strabon ya nuna da ma ba babba ya taso ba, sa'an nan fadama da tsando suka yi ta tace shi, wanda bai dace ba ya mutu.

Abin da harshe ya riƙe

Kalmar doki tsohuwa ce a Hausa. Jam'inta dawaki ya tona asirin tsohuwar siffarta, dauki ko dawki, mai baƙaƙe uku d-w-k, inda wasalin ya dunƙule ya koma o a tilo, ya kuma warware a jam'i da cikin sarautu irin su Madawaki da Ubandawaki. Ba ta yi kama da faras ko hisan ko hail na Larabci ba. A Ngizim da Karekare da Bole, ƴan'uwan Hausa na gabas, ana samun sunayen doki masu kama da namu, Nufawa kuma suna cewa doko. Sai dai a yi hattara: wannan kama ba ta nufin kakan harsunan Cadi ya san doki, domin iyalin ya rarrabu tun kafin doki ya taka Afirka. Kalmar ta yi yawo ne tsakanin ƴan'uwa bayan rabuwa, amma da daɗewa, tun da ta sami lokacin bin ƙa'idojin furucin kowannensu. Maƙwabta ma kowa da tasa: Zabarmawa bari, Fulani puccu, Abzinawa ayis, Barebari fur, Musgu pilis, Mandara belsa. Waɗannan na ƙarshe wasu masana kan haɗa su da faras. Ko da an karɓi hakan, yawan tushe dabam-dabam ya nuna dabbar ba ta shigo lokaci guda ta ƙofa guda ba.

Kayan hawa kuwa labarinsu a fili yake. Sirdi daga sarj ne, linzami daga lijam, likkafa daga rikab, lifidi daga libd, duka Larabci. Likkafa ta haɗiye harafin al- na Larabci ya zama l a farkonta, kamar littafi da labari da liman. Joseph Greenberg, a nazarinsa na 1947, ya nuna cewa irin wannan aro shi ne tsohon sahu, wanda ya shigo ta bakin fatake da matafiya, kafin sahun malamai mai cikakken al- irin na alƙali da alƙalami. (Ga masu shirya littattafan karatu: likkafa da likkafani asalinsu dabam ne, na biyun daga kafan yake, bai kamata ƙamus ya sa su ƙarƙashin tushe ɗaya ba.) A ɗaya gefen, turke da dabaibayi da ƙaimi ba a jin ƙamshin Larabci a cikinsu. Watau kalmomin ɗaure doki da zaburar da shi na gida ne, na ɗora masa sirdi da sa masa ƙarfe a baki baƙi ne. Harshe ya raba zamani biyu daidai inda al-Muhallabi ya raba su.

Shi kansa babban dokin sunayensa suna nuna hanyoyin da ya biyo. Ingarma tana ɗauke da alamar Barbarci, ng a farkon kalma, wanda Hausa ba ta yarda da shi sai ta ƙara masa wasali a gaba. Akawal, baƙin doki, daga tushen baƙi ne na Tamajak. Gabas da arewa ke nan, Barno da Abzin.

To ina matsayin ƙuru cikin wannan tsari? Muna ganin haka abin ya gudana: muddin gajeren doki ne kaɗai a ƙasa, sunansa doki kurum. Da babban ya zo ya zama shi ne abin hawan masu mulki, sai ya gaje sunan, tsohon kuma ya bukaci suna na musamman. Irin wannan ya faru da bindiga: wadda kakanninmu ke ɗura wa albarushi bindiga ce kawai, sai da ta bature ta zo aka fara kiranta bindigar toka. Labarin Bayajida ma ana iya duba shi ta nan. A wasu ruwayoyinsa mutanen Daura ba su gane dabbar da baƙon ya zo da ita ba. Shekarun kalmar doki ba su bar mu mu ɗauki wannan a kan zuwan doki na farko ba. Ya fi dacewa da zuwan wani doki da ba a saba gani ba, daga gabas, a ƙarƙashin baƙo mai takobi.

Yadda ingarma ya ture shi

Canjin ya auku ne tsakanin ƙarni na 13 da na 15. Al-Umari, wajen 1337, ya ce rundunar Mali ta kai mutum 100,000, cikinsu 10,000 mahaya, kuma sarkin yana sayen dawakin Larabawa da tsada. Ibn Battuta, wanda ya zauna Mali a 1352 da 1353, ya ce doki ɗaya yakan kai miskali 100. Tarihin Kano ya ce Kanajeji, wanda lissafin Palmer ya sa mulkinsa daga 1390 zuwa 1410, shi ya fara kawo lifidi da kwalkwali da sulke. Dalilin neman babban doki ke nan: ɗan lifida da kayansa da na dokinsa nauyi ne da ƙuru ba ya ɗauka, kuma mai mashi da ke son ya soki abokin gaba da ƙarfin sukuwa sai da sirdi mai ƙwari da likkafa.

Farashin wannan doki mutane ne. Tarihin Kano ya ce Kanajeji yana aika dawaki Kwararrafa ana aiko masa da bayi, Yakubu kuma, a tsakiyar ƙarni na 15, ya aika wa Sarkin Nufe dawaki 10 aka ba shi babanni 12. Hasan al-Wazzan, wanda Turawa ke kira Leon na Afirka, ya kammala littafinsa a 1526, a ciki ya ce Sarkin Barno yana sayen doki ɗaya daga fataken Magrib da bayi 15 ko 20, fataken kuwa sai su jira har ya dawo daga hari kafin a biya su. Da yake babban doki ba ya daɗewa a kudu, sayen ba ya ƙarewa, harin ma ba ya ƙarewa. Waɗanda ake kai wa harin kuwa, a kudancin tabkin Cadi, su ne masu ƙuru. Rundunar da Barth ya bi ta farautar bayi ce. Gustav Nachtigal ya ga irinta a 1872 tare da Sarkin Bagirmi, gabas da Logon. Saboda haka dawakin biyu sun sha haɗuwa a fage ɗaya, ɗaya ƙarƙashin mai kamu, ɗaya ƙarƙashin mai kare kansa, kuma inda laka ta yi zurfi ko dutse ya yi tsayi, gajeren ne ke tsira da mai shi. Raina ƙuru da ya shiga littattafai, har da sunan Kirdi da aka laƙaba masa, daga bakin masu harin aka gaje shi.

Abin da hari bai yi ba, ƙarni na 20 ya yi. Mulkin mallaka ya hana yaƙi, noman auduga na tilas da ya kankama a Cadi daga 1928 ya canja aikin rani da damina, manyan namun daji suka ragu, keke da babur suka karɓi tafiya, kuɗi kuma ya shiga dukiyar aure. A tsaunukan Jos ƙuru ya ragu ƙwarai, a Logon an koya wa wasu jan garma da amalanke, barbara da manyan dawaki kuma tana shafe ƙirar a hankali.

Ga masu aikin ƙamus na Hausa zalla, fassarar ƙuru da ƙaramin doki ba ta isa ba, domin tana haɗa shi da duƙushi. Ya kamata bayanin ya ce irin doki ne gajere wanda bai cika wuce santimita 125 ba ko ya tsufa, a ba shi lamba dabam da ƙuru na kasada, a kuma nuna tsawon wasali da karin sauti na kowannensu cikin baka. Tambayoyin da ake kai wa dillalan dawaki da shamakai a Tsibiri da Maraɗi da Damagaram da Dogon Dutsi su haɗa da wannan kalma, da sunayen launi, da sunayen igiyoyin da ake sa wa doki a kai ban da linzami, a rubuta kowace da garin da aka ji ta. A Torodi kuma a yi tambayar da Fulatanci da Zabarmanci da Gurmanci, a tafi da ma'aunin tsayi.